Admiral Ya Ƙi Sauka

"Mayar da makullinka aljihu, yaro," in ji Gleb Arsenyevich. "Gida nawa suka rage a benen nan?"

Ina tsaye a bakin ƙofarsa da tukunyar miyar kabeji a hannu. Vadim, jami'in da hukumar gari ta turo, har ya fara zufa duk da sanyin ɗakin.

"Ranka ya daɗe, sabon gidan naka ɗaki uku ne da falo, tagarsa na kallon teku. Kai aka fara ware wa."

"Kurma ne kai? Na ce nawa suka rage?"

"Huɗu. Biyar da na Raisa Timofeyevna."

"To, in ka sallami biyar ɗin ka dawo ka ƙwanƙwasa."

Ni ce Raisa ɗin. Na ƙarar da ƙuruciyata ina dafa wa sojojin ruwa abinci a wannan gari namu na arewa. Benenmu ya tsage tun daga tushe har rufi, aka ce za a rushe shi. Masu iyali ana ba su sabon gida. Ni da ba miji ba ɗa, aka ce gidan tsofaffi za a kai ni, can cikin daji inda ko warin teku ba a ji. Na tsorata ƙwarai, har barci ya ƙaurace mini.

Admiral Shubin, wato Gleb Arsenyevich, tsohon babban hafsan sojan ruwa, maƙwabcina ne ƙofa da ƙofa, kuma kada wani ya ce muku mutum ne mai daɗin zama. Ya shekara arba'in a jiragen yaƙi na ƙarƙashin ruwa, tun yana ƙaramin hafsa har ya riƙe runduna guda. Ritaya ta zo masa da wuri, don ya taɓa ƙin fita teku da jirgin da ya ce bai gyaru ba, ya kuma faɗa wa manya haka ido da ido. Da suka raba shi da jirage, sai ya mayar da benenmu jirginsa. Wanda ya bar shara a matakala ya shiga uku. Ni kuwa kullum faɗanmu a kan miya yake.

"Timofeyevna, wannan miya ce ko ruwan wanke tukunya?"

"Kawo abata in ba ka so. Kyanwa ma baki gare ta."

"Ajiye. Na ci wadda ta fi ta muni a jirgi ƙarƙashin ƙanƙara."

A lokacin ciwon huhu ya riga ya ci ƙarfinsa. Gidajen nan huɗu suka tashi ɗaya bayan ɗaya, kowanne sai da ya zo ya yi masa sallama. Da aka ga saura mu biyu, sai aka yanke mana ruwan zafin da ke ɗumama ɗakuna, wai gyara ake. Gyaran ƙaniya! Tsakiyar hunturu ne, numfashinmu har gani ake. Ya koma kwana cikin baƙar rigar sanyinsa ta soja. 'Yarsa ta bugo daga Petersburg tana kuka, likita ya zo da motar asibiti ya koma da ita wayam.

Ranar da na ga jini a hankicinsa, na zauna a bakin gadonsa.

"Gleb Arsenyevich, don Allah ka tafi asibiti. Ni na haƙura. Gidan tsofaffin ma ai mutane ne a ciki."

"Wa ya tambaye ki?" Ya yi tari mai tsawo. "Kwamanda ba ya sauka daga jirgi sai mutuminsa na ƙarshe ya sauka. Ran da na taka ƙofar nan, washegari za su naɗe ki kamar tsohuwar katifa. Muddin ina kwance a nan, ba katafilar da za ta taɓa bango. Tsoronsu a ji cewa Admiral ya mutu a kango."

"Ai kuwa mutuwar za ka yi, tsoho mai taurin kai!"

"To, sai su yi sauri."

Na fita matakala na yi kukana, don ba zan ba shi wannan daɗin a gabansa ba.

Suka yi saurin kuwa, amma da ƙyar. Da Vadim ya dawo, ya tarar da shi zaune a kujera cikin cikakken kayan sarki, an yi aski, lambobi reras a ƙirji. Ni kaɗai na san wahalar da muka sha kafin maɓallan nan su shiga. Vadim ya miƙo makulli, wannan karon ni ya miƙa wa: ɗaki ɗaya a hawan ƙasa, kusa da kasuwar kifi.

"Je ki buɗe da hannunki," in ji Admiral. "Ki taɓa bututun ɗumama ɗaki ki ji ko da zafi, ki bugo mini. Ban yarda da bakin yaron nan ba."

Na je, na buɗe, na taɓa. Har ƙona ni ya yi. Na buga masa waya.

"Da zafi, Gleb Arsenyevich."

"Madalla. Ki zauna nan, umarni ne."

Yaushe na taɓa bin umarninsa? Na ɗumama miya na koma da la'asar. Na same shi a kujerar, hularsa a kan gwiwa, wayar a hannunsa. Ya riga ya yi sanyi.

Daga gida muka yi jana'izarsa, yadda 'yarsa ta yarda. Duk waɗanda suka tashi suka dawo suka tsaya a waje cikin dusar ƙanƙara. Sojojin ruwa shida suka sauko da akwatin, ƙafafu a gaba kamar yadda aka saba. Biyun da ke gaba suna taka bakin ƙofa na ga abin da zai faru: na baya za su fito bayansa.

"Ku tsaya!" Ban san ina da irin wannan murya ba.

Hafsan da ke jagorantarsu ya ɓata rai. "Iya, mene ne kuma?"

"Na baya su fara fitowa. Kowa ya fito. Shi ne zai fita ƙarshe."

"Akwatin na da nauyi, Iya, ba a..."

"Kai sojan ruwa ne ko ɗan dako?"

Ya dube ni, ya dubi akwatin, sai ya ba da umarni. Aka kawo 'yan kujeru biyu na katako aka ɗora shi a cikin zaure. Sojojin suka ratso ta gefe ɗaya bayan ɗaya. Hafsan da kansa ya leƙa matakala ya yi kira ko akwai saura, ba wanda ya amsa. Sannan suka miƙa hannuwa daga waje, suka jawo shi a hankali har kansa ya wuce dokin ƙofa.

Da motar ɗaukar gawa ta tashi da shi, wata maƙwabciyarmu ta jawo kujerun nan biyu ta kife su a ƙofar gida, kamar yadda ake yi bayan fitar gawa. Kafin mu kai kwanar titi, dusar ƙanƙara ta fara taruwa a kan ƙafafunsu.