Ganye a Ƙofar Gidan Dabo Direba

Ni dai tun farko ban yarda da wannan wasan na Rauda ba. Autata ce, tana karatun aikin jinya a nan Daura, amma in ta dawo daga makaranta, maimakon ta kama mini tankaɗe sai ta baje tabarma a ƙarƙashin darbejiyar tsakar gida, ta buɗe tsohuwar kwamfutar yayanta, ta kama wani sitiyarin roba tana tuƙa motar ƙarya tana zuba surutu ita kaɗai.

"Ba ni kaɗai ba ce, Iya," in ji ta. "Mutane suna kallona kai tsaye a wayoyinsu, har rubuto magana suke yi."

Na ce to madalla, ashe akwai marasa aikin yi da yawa a duniya. Na kuma tambaye ta yadda wannan kwamfutar da ko hoton biki ba ta iya buɗewa sai ta yi nishi take ɗaukar manyan motoci haka. Ta ce ai wasan ba a cikinta yake ba. Yana can cikin wata babbar na'ura a wata ƙasa, hotonsa kawai ake turo mata ta intanet, in ta murɗa sitiyari a nan saƙon ya tafi can ya dawo. Saboda haka komai ya dogara da sabis. A gidanmu kuwa ba inda sabis yake da ƙarfi sai jikin darbejiyar nan, don haka ta ɗaure 'yar akwatin sabis ɗin da tsumma a wani reshe, tana lilo a saman kanta.

Abin da ya dame ni a lokacin ba Rauda ba ce, babanta ne. Duk wanda ya taɓa shiga mota daga Daura zuwa Zango ko Baure ya san Dabo Direba. Tun yana saurayi yake kan wannan hanyar. Bara da damina shanu suka faɗo masa titi, ya kauce musu, motar ta kife a gonar gero. Allah ya kiyaye ba a rasa rai ba, amma ƙafarsa ta dama ta sandare, likita ya ce shi da tuƙi sai dai labari. Tun da aka sallamo shi ya shige ɗaki ya ja labule. Masallacin ƙofar gida ne kawai yake fita, shi ma sai an tayar da salla ya tsaya a sahun baya, ana sallamewa ya sulale. Abokansa na tasha sun yi ta zarya. Alhaji Sha'aban, amininsa tun suna karen mota, ya fi kowa naci. Kullum amsar ɗaya ce: "Zaituna, ce musu ina barci." Na yi ƙaryar barcin nan har ni kaina na fara jin kunyar haɗa ido da su, su ma suka gaji suka daina zuwa. Ina ganin mutumin da dariyarsa take cika gida yana ƙanƙancewa a kan gado, wallahi abin yana cin raina.

Wata rana bayan la'asar Rauda ta ƙure sauti. Ƙugin injin babbar mota ya cika tsakar gida, ina shirin yi mata tsawa sai na ji muryarsa daga ɗaki.

"Wa yake kashe injin nan? Ke, sauya giya mana."

Rauda ta dube ni, na dube ta. Ja'ira ce ta gaske, sai ta ƙara ba motar wuta ba ta sauya ba. Ba a jima ba labule ya ɗaga, ga Malam ya dogaro sandarsa, fuska a murtuke, ya zo ya tsaya a kanta.

"Baba, to ka nuna mini," ta ce, ta matsa gefe.

Ya ce shi ba ya wasan yara. Ya kuma faɗa. Sannan ya zauna a kan turmi ya karɓi sitiyarin yana juya shi da raini. Rauda ta nuna masa cewa totur da birki duk a hannu suke, ba ruwan ƙafa. Ya bi maɓallan da kallo. Sai na ga leɓensa yana motsi, ashe addu'ar shiga mota yake karantawa, ga motar ƙarya. Na juya baya na ci gaba da tankaɗe don kada ya ga idona.

Daga ranar abin ya zama ciwo. Ana idar da la'asar zai fito ya ce, "Ina 'yar motar nan?" In sabis ya yi rauni, ya murɗa sitiyari motar ta ɗan yi jinkiri kafin ta amsa, Rauda ta hau tsaki, shi kuwa ko a jikinsa, ya ce ya tuƙa wadda ta fi wannan taurin kai. Da farko ya hana a nuna fuskarsa, hannu da murya kawai. Masu kallo suka fara rubuto, "Ina Baba? A ba Baba mota." Rauda tana karanto masa, yana cewa su ji da kansu, amma ina ganin gefen bakinsa yana motsi. Bayan 'yan makonni da kansa ya ce ta juyo da kyamarar, har ya sa na ɗauko masa hularsa ta Juma'a. Duk da haka ƙofar gida tana nan yadda take. Na taɓa ce masa, "Malam, tunda mutanen waya sun gan ka, na tasha fa?" Ya ce in bar maganar, kuma ranar bai fito ba.

Sai ga wata gasa da masu wasan suka shirya a tsakaninsu, 'yan Kano da Katsina da Zinder da sauransu. Kowa da babbar motarsa da kaya, a hanya ɗaya mai hawa da gangara, wanda ya riga isa shi ya ci. Rauda ta sa sunan babanta. Abin da ba ta gaya masa ba, ni ma sai daga baya na ji, shi ne ta je tasha ta sami Munzali kamasho ta nuna masa inda zai danna a wayarsa. Ranar gasar, ashe duk direbobin layin Zango da Baure suna rumfa sun yi cincirindo a kan waya ɗaya.

Aka tashi. Ni ina gefe ina gyaran zogale, ina cewa ba ruwana, amma kujerata tana matsowa da kanta. Yaran nan suka fizga a guje, wasu tun a kwanar farko suka watse. Malam yana tafe a natse, yana danna hon in zai wuce mutum, har da ɗaga hannu. Kafin a kai rabin hanya ya wuce kowa sai wata jar mota guda. Rauda ta miƙe a kan gwiwoyinta tana karanto saƙonni baki har kunne.

Suna gangarowa wata kwana sai jar motar ta yi tsaye cak, ta karkace ta kwanta a gefen titi. Sabis ɗin mai ita ne ya ɗauke, shi ke nan. Hanya ta buɗe wa Malam fetal.

Sai ya danna birki.

"Baba, wuce. Wuce mana, kai ne na ɗaya."

Ko kallonta bai yi ba. Ya gangara gefe a hankali, ya tsaya a bayan jar motar, ya kunna fitilun gargaɗi. "Ba a wuce direba a kwance," ya ce. Ya matso da bakinsa kusa da kwamfutar. "Sannu, ɗan'uwa. Kana ji na? Akwai wanda ya ji ciwo?"

Motocin da ya bari a baya suka fara shararowa suna wucewa. Ya ga yadda suke fitowa daga kwanar ba sa ganin abin da ke gabansu, sai ya ɗaga murya, irin muryar da rabona da ji tun kafin haɗarin.

"Za su hau kansa. A sa ganye a hanya. Ganye, maza."

To ni matar direba ce. Shekara da shekaru na san in mota ta lalace, abu na farko shi ne a karyo ganye a jera a titi don na baya su rage gudu. Ban yi tunanin komai ba. Na watsar da zogale, na yi tsalle na kamo reshen da ya fi kusa, na karyo shi da iya ƙarfina na miƙa masa. Ya karɓa kuwa. Muka tsaya ni da shi, shi da reshe a hannu, muna neman inda za mu sa shi a jikin kwamfuta.

Sai a lokacin na lura da abin da yake lilo a jikin reshen da tsumma, 'yar akwatin sabis ɗin Rauda ce. Wayar wutarta ta tsinke, 'yar fitilarta ta mutu. Hoton ya daskare, ƙugin injin ya ɗauke.

Rauda ta ɗago kai. Ta dubi reshen, ta dube ni, sai ta faɗi a kan tabarma tana dariya har da riƙe ciki. Na ce don Allah a rufa mini asiri, ba dai an gan ni ba ko? Ta ce hannuna da reshen su ne abu na ƙarshe da duniya ta gani. Malam ya yi ƙoƙarin ɗaure fuska, abin ya gagara. Ya yi dariya har hularsa ta Juma'a ta faɗo, yana nuna ni da reshen yana cewa, "Zaituna, kin kashe mana mota." Na ce ai shi ya ce a kawo, ni umarni na bi.

Muna cikin haka muka ji ƙarar motoci a layinmu, hon yana tashi ta ko'ina. Na leƙa ta soro. Motocin tasha ne sun jeru har bakin masallaci, direbobi suna fitowa kowa da reshe a hannu, suna jerawa a ƙasa tun daga kan kwana har ƙofar gidanmu. Alhaji Sha'aban ne a gaba, da wani ƙaton reshe da ban san bishiyar wa ya yi wa ɓarna ba. Ya yi sallama da ƙarfi.

"Hajiya, a gaya wa Dabo mun ga ya tsaya a hanya, hoto ya ɗauke. Ya ce ba a wuce direba. To ga mu, kuma yau kada a ce mana yana barci, da idonmu muka gan shi."

Na koma ciki. Malam ya ji komai, yana zaune a kan turmi ya sunkuyar da kai, reshen yana kan cinyarsa. Na san abin da ya saba cewa.

"Me zan ce musu?" na tambaye shi.

Ya ajiye reshen a ƙasa. Sannan ya ɗauki hularsa ya kaɗe ta, ya sa, ya miƙa wa Rauda hannu ta ba shi sandarsa.

"Ba sai kin ce komai ba," ya ce. "Matsa mini in wuce."

Ina tsaye a soro na ga Alhaji Sha'aban ya rungume shi, Munzali ya buɗe masa gidan gaba, suka tafi da shi tasha ana ta hon kamar an ɗauko amarya. Sai bayan magariba suka dawo da shi, muryarsa ta dishe don surutu, yana tambaya ko akwai sauran tuwo. Ganyen kuwa awakin maƙwabta suka cinye shi tas, ban ko sha wahalar shara ba.