Ranar da Jos Ta Ƙi Gaishe da Ikemefuna

Duk wanda ya taɓa raka Ikemefuna daga shagonsa na kayan lantarki zuwa bakin titi ba ya sake yarda ya raka shi. Tafiyar da wani zai yi kafin shayinsa ya huce, shi sai ta cinye masa rabin yini. A Jos aka haife shi, a Jos furfura ta same shi, kuma bai iya wuce mutum ba. Ya gai da mai faci, ya tambayi mai shayi ƙafar uwarsa, ya tsaya ya yi wa mahauci faɗa don bai gaya masa matarsa ta haihu ba. Marigayiya matarsa Ifeoma takan ce in za ta aike shi sayen tumatir a Farin Gada, gara ta shuka nata a bayan gida, zai nuna kafin ya dawo.

To, wannan bawan Allah ne aka zo neman auren 'yarsa. Nmachi ita kaɗai gare shi. Ta haɗu da wani yaro mai suna Chiemerie a wurin bautar ƙasa, suka shirya kansu, saura manya. A al'adar Ibo ba a kai kayan aure sai an binciki gidan yarinya, a ji su wane ne, me ake faɗa a kansu, ko akwai sata ko mugun hali a dangi. Uwar yaron, Madam Chinonye, ta ce ba ta aiken kowa, idonta ta fi yarda da shi. Ta taso takanas daga Aba. In ta koma ta ce a'a, magana ta mutu ke nan, ga Nmachi har ta fara ramewa don zullumi.

Ikemefuna ya kwana yana tunani, ya kuma yi tunanin a karkace. Ya ji an ce Madam ta je ƙasashen waje, sai ya ƙudurta a ransa cewa raina Jos za ta yi, ta ce garin duwatsu ne da dankali. Saboda haka dole a nuna mata wayewa. Ya nemo Firisila, wata matashiya 'yar Birom wadda sana'arta ke nan zagayawa da baƙi a ƙafa cikin tsohon gari, ta nuna musu gine-ginen zamanin haƙar kuza, ta ƙare da su a gidan adana zane-zane da kayan yumɓu.

"Baba, zan yi," in ji Firisila. "Amma kai ka zauna a shago."

"Ni ne fa uban yarinya!"

"Na sani. Gidan zanen nan da la'asar ake rufe shi. In kana cikin tafiyar, sai dai mu isa wani makon."

Ya rantse ba zai buɗe baki ba. Ta ce ko shi ya yi shiru, mutanen gari ba za su yi ba. Wannan kam gaskiya ce, kuma nan dabara ta faɗo masa, dabarar da da ya yi shawara da ko da mai gadin layinsu ne, da an hana shi.

Ana gobe tafiyar ya bi hanyar shago-shago yana roƙo. "Gobe zan wuce da babbar baƙuwa. Don Allah kada ka gaishe ni. Ka yi kamar ba ka taɓa ganina ba. Ko ni na manta na gaishe ka, kada ka amsa, baki ne ya saba."

Dantong mai gyaran agogo, abokinsa tun firamare, ya yi dariya har da riƙe ciki, ya ce ya daɗe yana neman wannan damar. Fabian mai kemis ya tambaye shi ko yana shan maganin hawan jininsa kuwa. Wadda ta ba shi wahala ita ce Hajiya Hasiya, mai tuyar masa a bakin hanyar Dilimi.

"Ikem, lafiyarka ƙalau? In gan ka da safe in yi shiru? Me ka yi mini?"

"Hajiya, don Nmachi ne."

Jin sunan yarinyar ya sa ta yi ajiyar zuciya. "To, na ji. Amma ka sani raina bai so ba."

Washegari aka tashi da ɗan sanyi da gajimare. Firisila ta ɗaga jar lemarta ta shiga gaba, Madam Chinonye na biye da ɗaurin kallabi mai faɗin faifai, Ikemefuna a gefe cikin kwat ɗin da bai sake sawa ba tun bikin wani ƙaninsa. Madam ta yi ƙuruciya a Kaduna, tana jin Hausa sarai, sai dai mace da namiji duk ɗaya ne a bakinta.

Daga kasuwar Taminus suka fara. Firisila ta san aikinta, ba ƙarya. Ta nuna tsofaffin kantuna masu baranda, ta ba da labarin yadda kuza ta jawo Hausawa da Ibo da Yarbawa da Turawa suka cika gari, ta tsaya a gaban wani ginin dutse ta ce a dubi yadda aka jera shi ba ko tsaga. Ikemefuna na gyaɗa kai kamar shi ya gina.

Mutanen gari kuwa sun cika alkawari, har sun zarce. Ai da sun yi shiru kawai, da da sauƙi. Ina! Mai shayi ya hango su, ya washe baki: "Firisila, ina kwana? Madam, sannu da zuwa, ya hanya?" Da idonsa ya sauka kan Ikemefuna sai ya ɗaure fuska ya juya yana goge kofin da ya riga ya goge. Fabian ya gai da matan biyu da fara'a, sannan ya jawo ƙofar kemis ya rufe. Wani mai sayar da takalma da bai yarda da bakinsa ba ya tashi da gudu ya faɗa lungu, ya bar kayansa a titi.

Ikemefuna daɗi ya kama shi. Tun da yake bai taɓa ratsa kasuwa da sauri haka ba. Ya saci kallon Madam, ya ga tana ta waige-waige, ya ce a ransa gine-ginen sun shige ta.

"Oga Ikemefuna," in ji Madam, "ka daɗe a garin nan?"

"Nan aka binne cibiyata, Madam."

"Hmm," in ji ta. Shi kuwa ya ɗauka yabo ne.

Da suka zo wajen tsohuwar tashar jirgin ƙasa, Firisila na cikin bayanin yadda ake loda kuza a taragu, sai ga teburin Dantong. Baki ya saba, kamar yadda ya faɗa. Kafin Ikemefuna ya ankara har ya ɗaga hannu.

"Dantong! Ina kwana, ya iyali?"

Dantong ya cire gilashin gyaran agogo daga idonsa a hankali, ya dube shi daga takalmi har hula, ya ce, "Malam, na san ka ne?"

Kai, Dantong mugu ne! Ikemefuna ya ƙyafta masa ido alamar ya yi daidai. Madam ta gyara zaman jakarta a kafaɗa, ta matsa kusa da Firisila.

A bakin hanyar Dilimi ƙanshin masa ya tare su. Hajiya Hasiya ta amsa gaisuwar Madam a gajarce, ta juya baya gaba ɗaya ta ƙura wa bango ido. Masa na ƙonewa a tanda, hayaƙi na tashi, ko motsi ba ta yi ba har suka wuce. Wannan ya ɗan taɓa zuciyar Ikemefuna, amma ya daure, ya duba agogo ya ga suna kan lokaci.

Rana ba ta ko karkata ba suka isa gidan zanen. Firisila da kanta ta yi mamaki. Ciki shiru, sanyi, ga kawunan yumɓu na mutanen da a cikin gilashi, ga manyan randuna, ga zanen mata masu ɗauke da itace a kafaɗa. Ta sassauta murya tana bayani, Ikemefuna na ƙara wa miya gishiri da "Kin gani ko, Madam?" Can Madam ta samu benci a gaban wani zanen kasuwa ta zauna, ta ajiye jaka a cinya.

"Yarinya, ya isa, ka yi ƙoƙari," ta ce wa Firisila. Sannan ta juyo. "Oga, ni ba gini na zo gani ba. Gini akwai a Aba. Kai na zo gani. Tun safe ina lura. An gaishe ni, baƙo. An gaishe da wannan yarinya. Kai da aka haifa a nan, ko mutum ɗaya! Wani ya rufe shago, wani ya gudu, tsohuwa ya bar abincinsa ya ƙone don kada ya ga fuskarka. A unguwarmu ko mahaukaci ana ce masa sannu. Me ka yi wa mutanen nan?"

Sanyin ɗakin ya bi ta cikin kwat ya kama Ikemefuna har ƙashi.

"Madam, wallahi ni na roƙe su! Jiya na bi su ɗaya-ɗaya na ce kada su gaishe ni."

"Ka roƙi gari guda kada su gaishe ka." Ta girgiza kai. "Ƙaryar ma ba ka iya ba. Yarinyarka yana da kirki, na gani. Amma ɗana ba zai shiga gidan da ake gudu ba." Ta zuge jaka ta ciro waya.

Ya dubi Firisila, Firisila ta ce gaskiya ne, Madam ta ce ai shi ya ɗauko ta, me za ta ce. Ya waiga cikin ruɗewa, sai ya ga abin da bai lura da shi ba tun shigowarsu. Ashe ɗakin ya cika. Mutanen da aka hana gaisuwa ba a hana su bin sawu ba, kowa ya bar sana'arsa ya biyo don ya ga yadda za ta kaya. Ga mai shayi ya ƙura wa wani zane ido, hannu a baya. Ga Fabian yana karanta bayanin wata tukunya kamar takardar magani. Mutanen da suka yi shekara da shekaru suna wuce ƙofar gidan nan ba su taɓa leƙawa ba, yau duk sun zama masana. Bayan wata ƙatuwar randa kuwa, ga hular Dantong.

"Dantong! Don girman Allah fito ka gaya mata!"

Dantong ya leƙo. Ya tuna an ce ko an gaishe shi kada ya amsa, ya ɗauka gwaji ne na biyu. Ya murtuke fuska. "Malam, na ce maka ban san ka ba."

Madam ta fara danna lamba.

"Kai, ku tafi can, sakarkarun banza!"

Muryar ta cika ɗakin har gilashi ya amsa. Hajiya Hasiya ce ta ratso mutane, mayafi a ɗamare, hannu duk mai. Mai gadi ya taso zai ce ba a hayaniya a nan, ta yi masa kallo ɗaya ya koma ya zauna.

"Ke baiwar Allah, ajiye wayar nan. Wannan da kike gani wawa ne, na yarda, yau ya tabbatar. Amma mugu? Lokacin da gari ya rikice, shi ya kwashe 'ya'yana a bayan motarsa ya ɓoye su a shagonsa, ya kwana a bakin ƙofa. Yarinyar da kike magana, ni na yi mata wankan farko. Ranar da uwarta ta cika a asibiti, a cinyata kanta yake, ni na rufe mata ido. Ki ce ba wanda ya san shi? Ni ya sa na juya masa baya yau, masata ta ƙone, zuciyata ta ƙone!"

Shi ke nan, aka ɓalle. Kowa na magana lokaci guda, kowa na zaginsa yana yabonsa. Fabian ya ce tun jiya ya san ba lafiya ba. Mai takalma ya ce saboda wannan shirmen aka sace masa silifa. Dantong ya fito daga bayan randa yana rantsuwa cewa shi umarni ya bi. Har mai gadin ya ɗaga hannu daga kujerarsa ya ce, "Oga Ikem, tun ɗazu gaisuwa ke cina, ya shago?"

Madam Chinonye ta bi su da kallo ɗaya bayan ɗaya. Ta dubi Ikemefuna, wanda ya yi tsuru-tsuru a cikin kwat. Sai ta mayar da waya jaka ta zuge, ta miƙe ta ɗan rusuna wa Hajiya Hasiya.

"Mama, ashe kai ne uwar yarinya. Kai zan tambaya."

"Ba a nan ba," in ji Hajiya. "Ba a maganar aure a tsaye gaban tukwane. Mu je gida ki ci masa, in soya miki sabuwa."

"Mu je. Yarinyar dai na ga ba wurin ubansa ya gado hankali ba, wannan ya kwantar mini da rai."

Aka kwashe da dariya aka ɗunguma waje, Firisila na bin su da lema tana cewa saura ɗaki guda ba a gani ba, ba mai sauraronta. Ikemefuna ya tsaya a bakin ƙofa. Hajiya Hasiya har ta wuce shi, sai ta dawo ta tsaya a gabansa. Rana ta riga ta yi tsaka, amma ta gyara mayafinta ta dube shi ido cikin ido.

"Ikem, ina kwana?"

Hawaye kawai ke zuba a kan kwat ɗin, yana ta gyaɗa mata kai.