Shamuwar Edita

"Ba zan yi wa marar lafiya ƙarya ba," in ji Tela, ƙafarsa na kan keken ɗinki.

"Haba Kawu! Ka ce ka gan su kawai. Motar asibiti na jira."

'Yar maƙwabcinsa ce, wanda ake ce wa Edita. Shekara ashirin tsohon ya yi a gidan jarida kafin ya ajiye, ya koma rubuta littattafai kan tsuntsaye. Na ƙarshen kan shamuwar da ke sheƙa a bishiyar bayan gidansu ne. Duk shekara yakan rubuta ranar da suka sauka a wani littafi. Bana sun makara, ƙirji ya kwantar da shi, ya kuma rantse ba inda za shi sai ya cike layin.

"Na ce masa sun zo," in ji ta. "Wai bakin mutum ɗaya ba labari ba ne. Wai wa kuma ya gani?"

Tela ya tsinke zare. Ya tashi, ya zauna, ya leƙa bishiyar. Fayau. Sai ya ja takalmi.

Ɗakin na warin man zafi da tsohuwar takarda. An juyo da gadon ya kalli taga, amma katanga ta tare rabin sama.

"Edita, baƙinka sun iso."

"Ka gani da idonka?"

"Na gani."

"Guda nawa?"

"Kamar... shida."

"Ƙarfe nawa? Ta ina suka ɓullo? Wane reshe?"

Tela ya kama sosar ƙeya. Tsohon ya yi dariya har ta zame masa tari.

"Kai ko aljihu ba ka iya ɗinkawa daidai ba, balle ƙarya."

Ya jawo littafin, ya rubuta: Ba a tabbatar ba. Motar ta koma ba kowa.

Ranar Laraba da hantsi Edita ya cika.

Kwana uku bayan nan Tela na gugar wani wando, inuwa ta gifta ƙofar shago. Ya fita da gudu, tef ɗin awo a wuya. Shamuwa ce, guda tara, a reshen gabas. Ya duba agogo: goma saura kwata. Ya sake ƙirgawa.

Ya shiga ɗakin Edita. Littafin na nan kan gadon da aka naɗe katifarsa, biro a tsakiya. Yarinyar ta tafi raka masu gaisuwa. Ya buɗe biron, ya rufe. Ya koma tsakar gida, ya ɗaga murya.

"Jama'a! Wa kuma ya gani?"