Shukar Gonar Maiguwa

Ruwan shuka ya sauka a ƙauyen Allakaye, Maiguwa kuwa yana kwance da karayar ƙafa. 'Ya'yansa maza suna Abijan wurin neman kuɗi. Saura 'yarsa Munira, wadda ta dawo daga karatun ilimin zamantakewa a kudancin Indiya don ta yi bincike kan gayya. Ƙasar Adar kuwa ba ta jiran kowa. In laima ta bushe ba a shuka ba, gidan ya rasa geron shekara ke nan.

Binciken nata ma shi ya ƙara tayar mata da hankali. Ta bi ƙauyuka har Tamaske tana tambaya, ta kuma tabbatar gayya ramuwa ce: ka je wa mutum, ya zo maka. Baban nata kuwa, Allah ya ba shi lafiya, mutum ne mai wuyar sha'ani. Ya ɓata da rabin gari, kuma rabonsa da gayyar wani har an manta.

"Baba, in tahi in roƙi mutane?"

"Ki roƙi wa? Ni ba ni roƙo." Ya juya fuska bango.

Da safe ta saɓa sungumin da rabonta da shi tun tana 'yar makaranta, ta ɗauki ƙwaryar iri, ta nufi gona. Tana hawa tudun duwatsu ta tsaya cak.

Gonar cike take da mutane. Tsofaffi a gaba suna sara, mata a baya suna jefa iri suna rufewa da diddige. Ba kiɗa, ba fura, ba wanda ya kira su. Kowa da irin gidansa ya zo, nasu gonakin kuma suna can ba a taɓa ba.

Sai ta tuna wani darasi. A Indiya wani tsohon malami ya koya musu muhawarar da masanan addininsu suka daɗe suna yi kan rahamar Ubangiji. Wasu sun ce bawa ɗan biri ne, sai ya ƙanƙame uwarsa da ƙarfinsa. Wasu sun ce ɗan kyanwa ne, uwa ke ɗaukarsa a baki, ko da yana yaƙushinta. Ta ci jarrabawa a kai lafiya lau, amma sai yau maganar ta shige ta.

Wanda ke jan layin Alƙasim ne, maƙwabcin da suke shari'ar iyakar gona da babanta, ko gaisawa ba sa yi.

"Baba Alƙasim..." Ta matsa kusa da shi.

"Ɗiyata, kak ki hwaɗa mishi na zo. Shari'armu tana nan wurin maigari, kuma ni ka kada shi." Ya share gumi da hannun riga. "Amma ba ni shari'a da mai jin yunwa. Shiga layi, ƙasa na bushewa."

Ta cire takalmi, ta shiga.