Ku Kira Mini Mushe

"Ku kira mini Mushe," in ji Alhaji Mainasara, numfashi na fizgarsa.

Matarsa Hajiya Amina ta dafe ƙirji. "Innalillahi! Mutum yana gargara, maimakon salati sai ambaton mushe? Alhaji, ka yi kalmar shahada!"

Ina durƙushe a bakin gadon. Maƙwabcinsa ne ni tun yana sayen ƙirgi da gyaɗa a tashar jirgin Ƙaura Namoda, na kuma san ba matacciyar dabba yake nufi ba. A Nijar malamin boko ake ce wa mushe. Daga can Alhaji ya tsallako ta Jangeru yana saurayi, shi da amininsa Bawa mai koyarwa. Kasuwa ta karɓi Alhaji, ya yi motoci, ya gina masallaci. Da siyasa ta dawo ya nemi kujerar Majalisar Wakilai, 'yan adawa suka sa shi gaba da "ɗan Faransa". Ya ci zaɓe, Bawa ya zo daga Shinkafi taya shi murna, gaban jama'a Alhaji ya ce bai san shi ba. Wallahi ranar ni na ji masa kunya.

Na ja babban ɗansa Hayatu zuwa zaure.

"Bawa yake kira. Gafara yake son nema."

"Baba, ka rufa muna asiri. Zaɓe ya matso, ni jam'iyya za ta tsaida. In tsohon ga ya shigo nan da Hausar Maraɗi, gobe gari ya ɗauka. Zafin ciwo ne kawai."

"Ubanka ne fa, Hayatu!"

"Na sani."

Ka ji ɗan yau! Raina ya ɓaci, ban ko karya ba na buga babur sai Shinkafi. Na iske Bawa a wata rumfa a bakin kasuwa, idanu sun tafi, yana tsare buhun goriba.

"Mainasara ba lafiya, yana kiranka."

Ya juyo wajen muryata. "Da wane suna ya kira ni?"

"Mushe."

Ya shiga laluben takalmansa.

Hanya ba kyau, ga tsoho a baya, sai da la'asar muka shigo Ƙaura. Tun daga nesa na hangi manyan motoci sun cika layinmu. Ashe Alhaji ya cika, har an kai shi. Wani mai babbar riga na gaya wa masu gaisuwa cewa an yi rashin ɗan asalin Ƙaura gaba da baya, Hayatu na gyaɗa kai.

"Kai ni wurinshi," in ji Bawa.

Na riƙe masa sanda har maƙabarta. Ba kowa, sai sawun mutane. Ya tsuguna, ya laluba har hannunsa ya sami ɗanyar ƙasa.

"Ga ni, Mainasara. Ai tun ranar na yafe maka."

Sai ya shiga tsince tsakuwa daga kan kabarin, yana shafe wurin da tafin hannu.