Rezon Ƙetaren Gulbi

Wasan ba shi da ƙarshe, shi ya sa Kadiri yake son shi. Ƙasa ce ta tubali a cikin salula. Ka haƙa rami, ka sare itace, ka gina abin da ranka ya so, in duhu ya yi a ciki dodanni su fito neman ka. Su uku suke yin shi tun suna 'yan makaranta a lakkwal: shi, da Seydou, da Rachidi. Duniyar da suka gina tana cikin salular Kadiri. In suka zauna a rumfar mai gyaran babura, sai ya buɗe partaji, salularsa ta raba wa nasu koneksiyo, su shigo. Dokar guda ce, kuma kowa ya san ta: kada ka yi nisa. Wanda ya tashi sayen ruwan sanyi a ƙetaren titi, wasan ya tofar da shi waje, sai ya dawo kusa.

Da aka rufe gadar gulbin da ke tsakanin garinsu Malanville na Benin da Gaya ta Nijar, baban Rachidi ya kulle butikinsa na kasuwar Malanville, ya kwashe iyalinsa ya koma Gaya. Mutane ba su daina ƙetarawa ba, jirage suka karɓi aikin gada. Amma uwar Rachidi ta rantse ɗanta ba zai taka jirgi ba, uban kuma ya ɗaure shi a sabon butiki daga safe har la'asar.

Da farko saƙon murya yana zuwa kullum, dogo, da zagi da dariya. Daga baya ya gajarta. Ya koma "lahiya lau, kai hwa?" Kadiri ba mai yawan magana ba ne, bai san yadda ake jan hira a waya ba. Abin da ya sani shi ne ya haƙa kusa da mutum, ya miƙa masa katako, su yi shiru tare. Ya ga sarai in ba a cikin wasan ba, ba shi da wurin da zai sake zama da Rachidi.

Sai ya samo wata aplikasiyo da ke ruɗin saluloli, su ɗauka suna ɗaki guda alhali suna nesa. Mai duniya ya buɗe ɗaki, a ba shi kod, ya aika wa abokinsa, abokin ya rubuta, ya shigo. Ya gwada da Seydou, kowa a gidansu, abu ya yi. Ranar Kadiri ya ci tuwo har da ƙari.

"To, saura na Gaya," in ji Seydou, wanda yanzu yake kabu-kabu da babur ɗin wansa.

"Shi wata ƙasa yake," in ji Kadiri. "Sai mun matsa kusa."

Seydou bai yi gardama ba. Shekaru sun koya musu cewa nesa ita ce abokiyar gaba. Kadiri ya aika wa Rachidi: ka sauko bakin gulbi, ni ma zan sauko, mu rage tsakani.

Garin Gaya ba a bakin ruwa yake ba. Rachidi sai ya yi wa ubansa ƙarya, ya hau babur, ya sauko har inda jirage ke tsayawa. Kadiri yana wannan gaɓa, ƙafarsa cikin laka, yana hangen Rachidi a can, wani ɗigo mai jar riga. Ya buɗe ɗakin. Wani zobe ya yi ta juyawa a fuskar salula, ya juya, ya juya, sannan ya ce babu koneksiyo. Ya kashe salula ya kunna. Ya cire pus, ɗan katin layin waya, ya hura ya mayar. Ya ɗaga hannu sama kamar mai roƙon ruwa. Ko saƙo bai fita ba. Sai da ya koma gida saƙon Rachidi ya shigo: "Ya ƙiya."

Suka sake wata rana. Wannan karon Kadiri ya shiga ruwa har gwiwa, don ya ƙara matsawa. Ya ƙi. Suka sake. Ya ƙi.

Saƙon da ya biyo baya ya fi na kullum tsawo, kuma Kadiri bai so shi ba.

"Kadiri, tsohona ya gane. Ya ce in na koma barin butiki don wasan yara, shina amshe salular. Na roƙe shi ran Asabar, ita kaɗai. In bai yi ba ran nan, mu bar shi. Ku yi abinku kai da Seydou. Ba hushi nike ba, wallahi. Na dai gaji."

Kadiri ya saurara, ya sake saurara.

Ran Asabar da hantsi Seydou ya ɗauke shi. Suka ratsa kasuwa, tsakanin buhunan albasa da manyan motocin kamiyo da suka gaji da jira, suka gangara bakin ruwa. Wurin cike yake. Masu jirage suna kiran mutane da yaren Dendi da Hausa, ana loda buhuna, wata mata tana faɗa da wani a kan daron kifi.

"Yau in ya ƙiya, ka shiga har wuya," in ji Seydou. "Ni ina riƙe maka riga."

"Yi shiru."

"Ko ka yi iyo ka kai mai kod ɗin da hannu. Dorina ta amsa ta kai."

Kadiri bai yi dariya ba. Ya hango jar rigar a can. Ya buɗe ɗakin. Zoben ya fara juyawa. Ya san ƙarshensa tun kafin ya tsaya.

Ya zauna a kan wani jirgi da aka kife. Rana tana dukan ƙeyarsa. Ya yi tunanin jefa salular cikin gulbi, ya ga ba shi da wata. Seydou ma ya daina tsokana, ya tsuguna yana wasa da makullin babur.

Kusa da su wani dattijo mai farar hula yana waya, yana ɗaga murya kamar wanda yake magana da kurma.

"Ina ji! Ina ji sarai! Ki hwaɗa ma Hasiya kayan sun iso! A'a, ina Malanville! Na sauko bakin ruwa ne in kama rezon gida!"

Kadiri ya san irinsu. Tun yana ƙarami yake ganinsu, fataken Dosso da na Gaya, da yamma su jeru a gaɓa kowa da waya a kunne. Pus ɗinsu na Nijar ne, a cikin gari ba ya musu aiki yadda suke so, sai su sauko nan inda rezon ƙasarsu, wato sabis ɗin waya, ke ƙetaro ruwa. Abu ne kamar kiran salla, ba wanda yake juyawa ya duba.

Yau ya juya.

Ya dubi dattijon. Ya dubi salularsa, can sama, wurin ƙananan rubutun da bai taɓa karantawa ba. Sunan da ke wurin ba na rezonsa ba ne. Na ƙetare ne.

"Seydou. Duba taka."

"Mi?"

"Sama. Sunan rezo."

Seydou ya duba, ya ware ido. "Kai! Yaushe na tahi Nijar?"

"Tun da munka sauko. Salular ta saki namu ta kama nasu. Koneksiyonmu ba ya aiki bisa nasu." Kadiri ya miƙe a hankali. Ya nuna jar rigar da haɓa. "Shi ma haka. Tashi ta kama namu. Ina nan ina Nijar, shina can shina Benin."

Seydou ya fashe da dariya har ya zauna cikin laka. "Kun yi musanya! Kun ƙetare ba ku sani ba! Kai da shiga ruwa har gwiwa!"

"Dole ya koma baya. Mu ma."

"To hwaɗa mai."

Nan ne matsalar. Saƙo ba ya fita. Ya gwada kira, wata murya ta ce masa da Faransanci ba zai yiwu ba. Ya cire riga ya kaɗa, yana nuni da a koma. Ɗigon da ke can ya ɗaga hannu ya kaɗa shi ma, ya ɗauka gaisuwa ce. Bayan haka sai ɗigon ya zauna. Kadiri ya san wannan zaman. Zaman wanda ya kusa tashi ne.

Bai saba roƙon mutane ba. Ya tsaya gaban dattijon, ya rusuna.

"Lahiya, samari?"

"Baba, don Allah, aron waya. Kira guda. Abokina na can ƙetare."

"Wani ya rasu?"

"A'a."

"Ba shi da lahiya?"

"Lahiya tai lau. Wasa ne."

"Wasa." Dattijon ya dube shi daga laka zuwa kai. "Ka tuɓe riga tsakar rana bisa wasa?"

"Baba, mun daɗe ba mu zamna tare ba," in ji Kadiri. Iyakar abin da ya iya faɗa ke nan.

Dattijon ya miƙa wayar. "Kar ka yi man tarihi ciki. Gajarta."

Ta yi ƙara, ta yi ƙara. Ɗigon ya motsa.

"Alo? Wa ne?"

"Ni ne. Koma gari."

"Kadiri? Lambar wa ce wagga?"

"Bari wannan. Hau babur ka koma. Ka dinga duba sunan rezo a sama. In naku ya dawo, tsaya nan. Kod na zuwa."

"Tsaya, tsaya. Ka sa na bar butiki, na sha zagi, na zo bakin ruwa, don ka ce man in koma gida?"

"I."

"Kai mahaukaci ne?"

"Duba saman salularka."

Kadiri yana jin iska a wayar da hayaniyar masu jirgi na can gefen. Sai muryar Rachidi ta dawo, ƙasa-ƙasa.

"Uban wa ya kai ni Benin?"

"Tahi!"

Ya mayar da wayar da hannu biyu, ya yi godiya. Dattijon yana girgiza kai. Kadiri ya ga jar rigar ta juya, ta hau gangare da gudu. Shi ma ya juya wa gulbin baya. Abin ya yi masa nauyi, don duk jikinsa yana ce masa ba haka ake zuwa wurin mutum ba.

Seydou ya tada babur. Kadiri yana baya, rigarsa a kafaɗa, idonsa a kan ƙananan rubutun. Suka wuce masu kifi. Suka wuce layin kamiyo. Sunan bai canza ba.

"Ƙara wuta!"

"Babur ɗin wana ne, ba na ubanka ba!"

Daidai rumfunan albasa rubutun ya ɓace, ya dawo da sunan gida. Kadiri ya daki bayan Seydou har babur ya yi tangal-tangal. Ya diro kafin a tsaya. Ya shiga saitin salula, ya hana ta zaɓen rezo da kanta, ya ɗaure ta a kan nasu. Ya buɗe ɗakin. Zoben ya juya rabi kawai, kod ya fito. Ya aika. Saƙon ya tafi nan take.

Sai jira. Ya tsaya a inuwar buhuna, warin albasa yana shiga masa ido. Ya shiga duniyar, mutumin tubalinsa yana tsaye a tsakar fili. Seydou ya shigo, mutuminsa ya fara tsalle ba dalili. Kadiri yana tunanin ko uban Rachidi ya tare shi a hanya, ko batir ya mutu, ko dai akwai wani kuskuren da bai gani ba.

Wani ɗan rubutu ya fito a kusurwa: Rachidi ya shigo.

A gabansu, daga babu, mutumin tubali na uku ya tsaya. Ya juya dama, ya juya hagu. Ya tako har gaban mutumin Kadiri, ya ɗaga hannu ya sharara masa mari.

Kadiri ya yi wata ƙara da shi kansa bai san yana da ita ba. Tattabarun da ke kan rumfa suka tashi. Masu ɗaurin buhu suka saki igiya suka waiwayo. Seydou ya rungume shi, suka faɗa kan buhun albasa su biyu, mai kayan ya taso da sanda.

"Ku 'yan banzan ina ne? Albasata kuke gani katihwa?"

"Yi haƙuri, Alhaji! Ya shigo!" in ji Seydou.

"Wa ya shigo?"

"Daga Gaya!"

Mutumin ya duba titi, ya duba bayansu, bai ga kowa ba. Ya tofar da yawu, ya koma yana addu'ar Allah ya shirya 'ya'yan zamani.

Kira ya shigo ta koneksiyo. Kadiri ya buɗe murya don Seydou ya ji. Rachidi yana haki, yana dariya, da ƙarar babura a bayansa.

"Ina ƙarƙashin wani icce bakin hanya, mutane na kallona kamar taɓaɓɓe. Marin ga na wahalar da ka ba ni ne. Saura biyu."

"Daga butiki ma shina yi," in ji Kadiri. "Ba sai ka hita ba. Ko yaushe."

"Ka ce daga kan kujerata?"

"Daga kan kujerarka."

"Allah ya isa tsakanina da gulbin ga." Mutumin tubalin Rachidi ya juya yana kallon gine-gine. "Kai, wane ne ya yi wanga mummunan abu? Masallaci ne ko rumbu?"

"Gidana ne," in ji Seydou. "Bene ne."

"Rushe shi za mu yi. Kadiri, ba ni gatari. Ba ni da komi, hannu sake na zo."

Kadiri ya zauna a ƙasa, ya jingina da buhu, laka tana bushewa a ƙafarsa. Ya buɗe jakarsa ta cikin wasa, ya zaɓi gatarin da ya fi kyau, ya jefa a gaban Rachidi. Seydou yana ihu yana rantsuwa ba wanda zai taɓa masa bene. Su biyu suka nufi ginin.