Dattijon Cikin Fim

Tun da ciwon mantuwa ya kama Baba, a gidan Auta yake zaune. Ita ce ƙarama cikin 'ya'yansa, kuma ita kaɗai ce ba ta bar garin ba. Babu wanda ya taɓa zama ya yanke cewa ita za ta riƙe shi, abin dai ya faɗo mata ne. Da safe tana aiki a ɗakin gwajin jini na wani asibiti, mijinta kuma yana koyarwa da yamma, sai suke karɓa-karɓa. Ta shigo ya fita, wani lokaci a bakin ƙofa suke gaisawa.

Baba tsohon direban doguwar mota ne. Ya manta sunayen jikokinsa, ya manta cewa Inna ta rasu, amma bai manta da mota ba. Kullum sai ya lalubi aljihu ya tambayi makulli, wai fasinja suna jira.

"Motar tana gareji, Baba. Ana canza mata taya," haka Auta take ce masa.

"To a ce su ɗaure da kyau."

Shi ke nan, sai hankalinsa ya kwanta.

Babban wansu kuwa mai shirya fim ne. Tun yana sakandare 'yan gida suka laƙaba masa Darakta don tsokana, har sunan ya zo ya zama gaskiya. Finafinansa ba faɗa, ba waƙa, ba wanda yake son wani. Mutum ne zai zauna yana kallon bango, wata murya tana tambaya ko bangon yana nan idan ya rufe ido. Mijin Auta ya taɓa cewa likitoci su riƙa rubuta wa masu rashin barci fim ɗin Yaya, safe da yamma bayan cin abinci.

Wata Asabar sai ga Yaya da jakunkuna. Auta ta yi murna har cikin ranta, ta ɗauka hutu ya zo mata. Sai da ya fara zaro ƙafafun kyamara da fitilu ta gane.

"Auta, na samo fim ɗin da na daɗe ina nema," in ji shi, yana warware waya a tsakiyar falo. "Tambaya ɗaya ce. Idan tunanin mutum ya tafi, jiya ta goge, wa ya rage a cikin jikin? Baba yana zaune a cikin amsar."

"Baba yana zaune a cikin falona ne, Yaya. Kuma ka taka masa takalmi."

Ya yi dariya, ya ce bakinta bai canza ba. Ta yarda ya yi ɗaukar, don a ganinta ko ba komai Baba zai riƙa ganin ɗansa, ita kuma za ta samu ta je kasuwa ba da gudu ba.

Ba haka abin ya kasance ba. Yaya ya sa aka kwashe kwalaben magani daga kan tebur, wai suna ɓata hoto. Ya sa aka cire ledar da take shimfiɗawa a kan kujera. Ya janye labulen da ta saya da kanta, don haske ya faɗo a gefen fuskar Baba. Idan ta kawo shayi sai ya ɗaga mata hannu.

"Kin shigo mini hoto. Ɗan ja baya."

Ta ja baya. Idan tana ba Baba abinci, sai ya ce ta miƙo cokalin daga nesa, kada kafaɗarta ta fito. Har ta koyi ciyar da ubanta tana tsugune a bayan kujera, hannu a miƙe kamar mai ba tsuntsu tsaba ta cikin keji. Kasuwa kuwa ba ta samu zuwa ba, domin in kyamara tana aiki Yaya ba ya jin kira, ko da Baba zai miƙe ya nufi titi.

Ranar da abin ya kai ta wuya, Baba ne ya lalubi aljihu kamar kullum.

"Ina makullin? Fasinja suna jira."

Auta ta buɗe baki, Yaya ya ɗora yatsa a leɓe. Ya raɗa mata cewa ta bari, shirun nan shi yake so.

Baba ya sake tambaya. Ya duba ɗaya aljihun. Ya ɗaga matashin kujera. Numfashinsa ya fara sauri, hannunsa yana rawa, ya juya yana neman fuskar da zai tambaya, ba kowa a gabansa sai gilashin kyamara. Ya fara cewa za a kore shi daga aiki, yara kuma ƙanana ne.

Auta ta ratsa ta gaban kyamarar, ta durƙusa ta kama hannayensa.

"Tana gareji, Baba. Taya ake canzawa. Manaja ya sani."

Sai da aka daɗe kafin jikinsa ya daina ɓari. Da ta shigar da shi ɗaki ta fito, ta tarar da Yaya yana maimaita hoton a ɗan allon kyamara.

"Kin yanke mini shi a daidai wurin," ya ce ba tare da ya ɗago ba. "Ƙarya kike masa kullum, Auta. Ni gaskiyar halin da yake ciki nake nema."

"Gaskiyar ita ce yau ba zai ci abinci ba. Ni zan yi fama da shi, kai kana masauki."

"Ba ki gane abin da nake yi ba."

"Na gane. Ban dai ga wanda zai wanke zanen gado a cikinsa ba."

Bayan 'yan kwanaki Yaya ya tattara kayansa, ya ce ya sami abin da ya isa. Labulen ma ita ta hau kujera ta mayar.

Watanni suka wuce. Ƙafar Baba ta fara kumburi, aka ƙara masa magani. Auta ta ƙi karɓar ƙarin matsayi a wurin aiki saboda zai riƙe ta har yamma. Rannan Yaya ya kira, muryarsa cike da ɗoki. An gama tace fim, za a nuna shi a ɗakin taron wata jami'a da la'asar, kuma lalle a zo da Baba.

Da farko ta ce a'a. Mijinta ne ya lallashe ta.

"Je ki, ko don ki ga abin da ya sa kika yi ta tsuguno. In barci ya ɗauke ki ma riba ce."

Ta yi wa Baba wanka, ta sa masa rigarsa mai kyau, ta haɗa jaka da ruwa da magani da wandon canji. Aka ba su kujerun gaba. Ɗakin ya cika da ɗalibai da malamai, aka kashe fitilu.

Fim ɗin ya yi kyau, wannan ba ta iya musu ba, kuma shi ya fi ba ta haushi. Falonta ya zama wani wuri da ba ta sani ba, fanko, sai haske da inuwa. Baba yana zaune yana kallon taga, muryar Yaya tana tambaya a hankali ko wanda ba ya tuna jiya yana raye a yau, ko duniya tana nan ne don muna tuna ta. Cokali ya shigo daga gefen allo, ya shiga bakin Baba, ya koma. Ko yatsanta bai fito ba. Rigar Baba fes, gemunsa a gyare, kamar haka suke wayar gari da kansu. Sai ga wurin makulli. Baba yana lalube, yana rawar jiki, yana cewa yara ƙanana ne. A daidai inda ta san ta shigo da gudu, allon ya yi baƙi, aka bar numfashinsa kawai yana fita.

Wata ɗaliba a bayansu tana share hawaye.

Da aka kunna fitilu aka tafa sosai. Yaya ya hau dandamali, aka bar hoton fuskar Baba a tsaye a allo. Wani malami mai farin gashi ya karɓi makirufo ya tambaya ko dattijon ya san cewa yana wanzuwa.

"Wannan ita ce tambayar," in ji Yaya. "Yana zaune ne a wata duniya da ba jiya, ba gobe, ba kowa sai shi."

A nan ne Baba ya nuna allo da sandarsa. Muryar direba gare shi, irin wadda ake ji daga kujerar ƙarshe.

"Wannan dattijon ba shi da kowa ne? A kira 'ya'yansa mana. Ya za a bar mutum haka?"

Auta ta ɗago ta dubi Yaya, tana jiran ta ga kunya ta rufe shi. Abin da ta gani sai haske a idonsa. Ya juya wajen mai ɗaukar hoton taron yana masa alama da hannu, ko ya kama wannan. Malamin mai farin gashi ya ce ba a taɓa ba shi amsa mai zurfin wannan ba, mutum ya ga kansa bai san kansa ba, har ya tausaya wa kansa. Aka sake tafawa.

Baba ya jawo hannun rigarta, ya yi maganar da ita kaɗai ta san ma'anarta. Ta duba, ta ga an riga an makara, wandonsa ya jiƙe. Ta yafa masa mayafinta a cinya, ta tashe shi, suka bi ta gefe suka fita.

A baranda ta tsaya. Ban ɗakin maza yana hagu, samari suna shiga suna fita. Ba ta daɗe ba sai ga Yaya ya biyo su, fuska a washe.

"Kin ji abin da ya faɗa? Auta, wannan ai shi ne ƙarshen fim ɗin. Zan sake tacewa."

Ta miƙa masa jakar.

"Wando yana ciki, da sabulu da tawul. Ka fara cire takalmin, in ba haka ba zai faɗi. Kada ka ce masa ya yi fitsari, ka ce ruwa ne ya zube."

"Ana jirana a ciki."

"Ni ba zan shiga ban ɗakin maza ba. Ko ka kai shi, ko mu koma ciki da shi a haka, su yi masa tambayar wanzuwa."

Ya kalle ta, ya kalli Baba, ya karɓi jakar.

Sun daɗe a ciki. Tana jin muryar Baba yana faɗa, tana jin ruwa yana zuba, sau ɗaya ta ji wani abu ya bugi ƙofa. Da suka fito, hannun rigar Yaya ya jiƙe har gwiwar hannu, wandon Baba kuma a juye yake, baya a gaba. Yaya ya kasa haɗa ido da ita.

"Ƙafarsa," ya ce. "Yaushe ta kumbura haka?"

"Tun kana tace fim."

Baba ya dafa kafaɗar Yaya ya ce wa Auta, "Wannan sabon yaron motar ba shi da sauri, amma yana da ladabi. A bar shi."

A hanyar gida Yaya ne ya tuƙa, bai koma taron ba. Da suka kusa isa, sai ya ce daga yanzu duk Asabar tasa ce, ta je duk inda take so. Auta kuwa a ranta har ta fara lissafa gidajen ƙawayen da ta daɗe ba ta leƙa ba.

Ya zo Asabar ta farko, ya zo ta biyu. Ana nan aka gayyaci fim ɗin wani taro a ƙasar waje, daga can kuma aka sake gayyatarsa wani. Saƙonninsa suka koma hotuna: shi a gaban allo, shi da wasu mutane masu rataye da kati a wuya. Asabar ta koma hannun mijinta, wanda ya ce ba komai, dama shi da Baba sun fi shiri, don su biyun ba mai sauraron su a gidan.

Yaya ya turo musu fim ɗin a waya. Wata rana da Baba ya tashi da rigima, ya ƙi zama ya ƙi kwanciya, mijin ya haɗa wayar da talabijin don ya ga ko zai ɗauke masa hankali. Baba ya nemi kujera ya zauna. Ya kalla daga farko har ƙarshe bai motsa ba, yana girgiza kai yana cewa, "Bawan Allah." Washegari aka sake sa masa, ya kalla kamar bai taɓa gani ba. Tun daga nan Auta ta mai da shi abin yi. In ta dawo daga aiki ta ba shi abinci, sai ta kunna masa, ta wuce wurin makullin don kada ya tayar masa da hankali, ta shiga ta yi wanka a tsanake, wani lokaci har ta ɗan runtsa.

Da Yaya ya kira daga can, ya ce ya yi tunani, zai sake tace fim ɗin ya mayar da ita ciki, duk wuraren da ya yanke suna nan.

"Bar shi yadda yake," ta ce. "Yana mana amfani."

Ta gaya masa irin amfanin. Ya ja numfashi.

"Kullum yake kallo? Kuma kullum sabo ne a wurinsa? Auta, kin san abin da wannan yake nufi kuwa? In na dawo zan kafa kyamara a bayansa, yana kallon kansa yana..."

"Yaushe za ka dawo?"

"Ban tabbatar ba tukuna. Akwai wani taron da ake magana."

Daga falo Baba ya ƙwala kira, yana tambayar wanda ya kashe fitilar mota. Ta ce wa Yaya ana kiranta, ta ajiye wayar a kan firiji, ta tafi.